Wa Ke Shiga Ƙofofin Ƙudus?

Direban da ya ɗauko mu daga Yariko ya tsaya tun kafin mu isa shingen sojoji. Ya kashe mota, ya sauke mana jakunkuna, ya nuna mana inda za mu hau wata motar mai lamba ruwan ɗorawa, domin tasa lambar Falasɗinu gare ta, kuma nan ne iyakarta. Magidanci ne da bai wuce shekara arba'in ba. A wani ƙauye gabas da birnin aka haife shi, inda in ka hau soro kana hango ƙubbar nan mai ruwan zinare. Ya ce rabonsa da yin sallah a Masallacin Al-Aƙsa tun yana saurayi. Ni kuwa da na taso tun daga Kano da koren fasfo a aljihu, kafin la'asar ina tsaye a gindin ganuwa. Da za mu rabu, bai roƙe ni komai ba sai in sa shi a addu'a idan na shiga. Tun daga ranar, duk lokacin da na ga hoton ƙofofin Ƙudus a kalanda ko a waya, fuskar bawan Allahn nan nake fara gani kafin in ga dutse.

Duniya ta daɗe tana maganar kiyaye wannan ganuwa. A 1981 hukumar UNESCO ta sa tsohon birnin Ƙudus da ganuwarsa cikin kayan tarihin duniya, bisa buƙatar ƙasar Jodan, a 1982 kuma ta mayar da shi cikin jerin wuraren da ke cikin haɗari, kuma har yau yana nan a jerin. Ana taro, ana rubuta rahoto a kan tsagewar bango da ciyawar da ke tsirowa tsakanin duwatsu. Ban raina wannan aiki ba. Amma a ganina, ma'auni na farko da ya kamata a auna lafiyar ƙofa da shi shi ne wa ke shiga, wa ake mayarwa. Bahaushe bai buƙatar a yi masa dogon bayani a kan wannan. Mu da muka tashi muna jin Ƙofar Mata da Ƙofar Mazugal da Ƙofar Ruwa, mun san kowace ƙofa da Sarkin Ƙofarta, kuma aikinsa shi ne ya buɗe da asuba, ya rufe da almuru, ya san baƙo, ya bar ɗan gari ya wuce da jakinsa. Sarkin Ƙofar da zai share ƙofa tas, ya yi mata yaɓe duk shekara, sannan ya hana masu unguwa wucewa, ba wanda zai ce ya riƙe amana.

Akwai wani ruɗani da nake yawan ji a wajenmu. Da an ce ganuwar Sulaiman, sai mutane su ɗauka Annabi Sulaiman ne, alaihis salam. Wanda ya gina ganuwar da ake gani yau shi ne Sultan Sulaiman al-Ƙanuni, sarkin Daular Usmaniyya ta Turkiyya, tsakanin 1537 da 1541. Ganuwar Kano ma ta girme ta, tunda an fara tamu tun zamanin Sarki Gijimasu. Ta Ƙudus tsawonta kilomita huɗu ne da 'yan kai, tsayinta kimanin mita goma sha biyu, kaurinta wajen mita biyu da rabi, da hasumiyar tsaro 34. Abin da ta kewaye bai cika murabba'in kilomita ɗaya ba. A wannan ɗan fili Masallacin Al-Aƙsa yake, da Ƙubbatus Sahra, ƙubbar nan mai ruwan zinare, da cocin da Kirista suka yi imani a nan kabarin Almasihu yake, da bangon da Yahudawa ke addu'a a gindinsa. A wasu wurare, musamman gabas da kudancin Harami, wato harabar Masallacin Al-Aƙsa, maginan Sultan sun ɗora ne a kan manya-manyan duwatsun zamanin Sarki Hirudus, waɗanda suka kai shekara dubu biyu.

Abin da ba a cika faɗa ba shi ne kafin Sulaiman birnin ya shekara ɗari uku ba shi da ganuwa, kuma hannun Musulmi ne ya rushe ta. A 1219 mayaƙan Salibiyya sun yi wa Dimyaɗ da ke Masar ƙawanya. Al-Mu'azzam Isa, sarkin Dimashƙa, ɗan ɗan'uwan Salahuddin al-Ayyubi, ya ji tsoron kada su ƙwace Ƙudus su samu mafakar da ba za a iya fitar da su ba, sai ya ba da umarni a rushe katangar da baffansa ya gyara. Abin da ya koro ɓera ya faɗa wuta ya fi wutar zafi, na yarda. Amma mutanen gari ne suka biya kuɗin wannan dabara: da yawa suka watse suka bar gidajensu, domin a wancan zamani garin da ba shi da ganuwa abincin mahara ne. Sarakunan Mamluk da suka biyo baya sun cika birnin da makarantu da masaukan baƙi masu kyan gini, amma ba su mayar da ganuwar ba.

Da Sulaiman ya tashi aiki, bai fara da dutsen tsaro kaɗai ba. Ya gyara hanyar ruwan da ke zuwa daga kudancin Baitalami, ya gina wuraren shan ruwa guda shida a cikin gari da bakinsa, ya sa aka lulluɓe Ƙubbatus Sahra da tangaran mai launi. Matarsa Hurram ta kafa gidan ciyar da talakawa a 1552, wanda har gobe ake dafa abinci ana rabawa a cikinsa. Ganuwa da ruwa da abinci tare suka zo, domin manufar ita ce mutane su dawo su zauna. Akwai kuma wani rubutu a Babul Halil, ƙofar yamma da Turawa ke kira Ƙofar Jaffa, wanda na daɗe a gabansa. An sassaƙa a dutse: La ilaha illallah, Ibrahim halilullah. Daga wannan ƙofa hanyar garin Halil take farawa, inda kabarin Annabi Ibrahim yake, don haka rubutun ya dace da wurin. Amma ina ganin ya wuce nan. Ta wannan ƙofa baƙin da suka sauka a tashar jiragen ruwa ta Yafa suke shigowa, Bayahude da Banasare da Musulmi, kuma kalmar da aka tarbe su da ita kalma ce da dukkansu ukun za su iya karantawa ba tare da ɗayansu ya sunkuyar da kai ba. Sarkin da ya fi kowa ƙarfi a duniyar Musulmi a lokacinsa ne ya bari aka rubuta haka. Har zuwa ƙarshe-ƙarshen ƙarni na 19 ana kulle ƙofofin nan da faɗuwar rana, wanda ya makara ya kwana a waje ko ɗan wane ne shi, gari na wayewa a buɗe wa kowa.

Ni ta Babul Amud na shiga, ƙofar arewa da ake kira Ƙofar Dimashƙa, wadda ta fi duk sauran girma da ado. Sunan Amud ya samo asali daga wani dogon ginshiƙi da Rumawa suka kafa a filin da ke bayanta tun zamanin Sarki Hadriyan. Ginshiƙin ya ɓace tuntuni, amma yana nan a zane cikin taswirar Madaba ta ƙarni na shida da ke daɓen wata coci a Jodan, kuma yana nan a bakin mutanen gari. Wannan ya taɓa ni ƙwarai. Dutse ya ɓace, harshen talakawa ya riƙe sunansa fiye da shekara dubu. Kafin ka isa ƙofar sai ka gangara wasu faffaɗan matakala masu siffar rabin da'ira, inda samari ke zama da yamma, tsofaffin mata 'yan ƙauye cikin riguna masu aikin hannu suna kasa ganyen inabi da na'ana'a da ɓaure, mai amalanke yana tallan burodin nan mai riɗi da suke ce wa ka'ak. Cikin ƙofar ba miƙaƙƙe ba ne, sai ka karkata hagu, ka sake karkata dama, dabarar da aka yi don kada mahayi ya afka da gudu, irin dai yadda zauren gidan sarauta yake a wajenmu. Kana fitowa hanya ta rabu biyu: ɗaya ta bi kasuwar Han az-Zait, ɗaya ta gangara ta Al-Wad zuwa Al-Aƙsa. A saman waɗannan matakala kuwa, hagu da dama, ɗakunan 'yan sanda ne masu ɗauke da bindiga, suna kiran duk saurayin da suka ga dama ya ɗaga riga ya nuna katin shaida.

Tarihin ƙofofin nan a shekara ɗari da 'yan kai da suka wuce, tarihin masu iko ne kowa na gyara su daidai ƙirjinsa. A 1898 aka cike ramin da ke kusa da Babul Halil aka buɗe wata babbar kafa don Sarkin Jamus, Wilhelm na Biyu, ya shiga da tawagarsa da kekunan doki. Ranar 11 ga Disamba 1917 Janar Allenby na Birtaniya ya sauka daga doki ya shiga ta ainihin ƙofar da ƙafa, don a ce shi ya fi Bajamushe ladabi. An yaba masa. Amma wannan gwamnatin ce a 1922 ta sauke hasumiyar agogon da aka ɗora a kan ƙofar a zamanin Sultan Abdulhamid, don ba ta dace da hoton tsohon birni mai tsarki da Turawa ke ɗauke da shi a kansu ba. Suka kuma share shaguna da rumfunan da suka jingina da ganuwa don ta fito fili a gan ta. Daga nan ne aka fara kallon ganuwar Ƙudus a matsayin abin kallo, mutanen da ke gindinta kuma a matsayin abin da ke tare wa mai kallo ido.

A nan dole in faɗi wata gaskiya wadda ba ta da daɗi a kunnen wasu 'yan'uwana. In ka je Babun Nabi Dawud, ƙofar kudu da ake kira Ƙofar Sihiyona, za ka ga fuskarta duk ramukan harsashi na yaƙin 1948. A watan Mayun wannan shekara sojojin Jodan suka karɓe unguwar Yahudawa, aka fitar da mazaunanta, aka rushe wuraren ibadarsu da dama, kuma shekara goma sha tara, har 1967, ba a bar Bayahuden Isra'ila ya zo gindin bangon da yake addu'a ba. An toshe Babul Halil da Babul Jadid, ƙofar arewa maso yamma, da ita Babun Nabi Dawud, ganuwa ta koma bakin daga. Wannan kuskure ne, kuma ya saɓa wa rubutun da Sulaiman ya bari. Wanda zai yi kukan an hana direbana shiga, in gaskiya yake nema, dole ya iya cewa hana wancan tsoho Bayahude ma zalunci ne. Laifi tudu ne, kowa na taka nasa ya hango na wani.

Sai dai wancan zalunci bai halatta wanda ya biyo bayansa ba. Ranar 7 ga Yunin 1967 sojojin Isra'ila suka shiga ta Babul Asbaɗ, ƙofar gabas mai sassaƙen zakuna, waɗanda tambarin Sultan Baibars ne. Kwana uku bayan haka, cikin dare, katafila ta shiga Unguwar Magariba. Wannan unguwa waƙafi ce da Al-Afdal, ɗan Salahuddin, ya yi wa mutanen Arewacin Afirka a 1193, 'yan Maroko da Aljeriya da Tunisiya da suka zo ziyara suka zauna. Kafin a yi kwana biyu an baje gidaje 135, mutum kusan 650 suka wayi gari a titi, aka mayar da wurin babban fili a gaban bangon. Ƙofar ganuwa da ke kusa da wurin har yau Larabawa Babul Magariba suke ce mata, amma in ka shiga ba Bamagaribe ko ɗaya da zai amsa maka sallama. Unguwar da ta shekara kusan ɗari takwas, dare biyu ya ishe ta.

Zan ba mai haƙƙi haƙƙinsa: duwatsun ganuwar yau suna cikin kyakkyawan hali. Hukumar kayan tarihi ta Isra'ila ta yi shekaru tana wanke su, tana cike tsaga, ta mayar da adon saman Babul Amud da ya karye a yaƙin 1967. Da dare an haska su da fitilu, kana iya hawa ka zagaya saman badala. Amma a duba me ke tafiya tare da wannan gyara. Tun 1974 aka ayyana kewayen ganuwa a matsayin gandun shaƙatawa na ƙasa, kuma da wannan suna ake hana mutanen Silwan, unguwar Falasɗinawa da ke gangaren kudu, ƙara ko ɗaki ɗaya, da shi ake aika musu takardun rusau. A watan Oktoban 2021 duniya ta ga hoton wata uwa rungume da kabarin ɗanta a maƙabartar Yusufiyya, daf da ganuwar gabas, lokacin da ma'aikata ke baje wurin don yin lambu. Ga kuma shirin motar igiya mai tafiya a sama, wadda za ta ɗauko masu yawon buɗe ido daga yammacin birni, ta bi ta saman rufin mutanen Silwan, ta sauke su kusa da Babul Magariba. Kotun Ƙoli ta Isra'ila ta yi watsi da ƙarar masu adawa da shirin a 2022, alhali cikin masu adawar har da magina da masana tarihi Yahudawa 'yan Isra'ila da suka ce zai ɓata fuskar ganuwar. Baƙon da zai hau wannan mota zai ga Ƙudus daga sama, ya yi ziyara ya koma, bai gaisa da Bafalasɗine ko ɗaya ba, bai sayi ko ruwan sha a hannunsa ba.

Amsar da ake bayarwa kullum ita ce tsaro. Ba zan yi kamar ban san an zubar da jini a bakin ƙofofin nan ba. Tsakanin 2015 da 2017 an sha kai hari da wuƙa da bindiga a Babul Amud, an kashe 'yan sanda, an kashe maharan. Ranar 14 ga Yulin 2017 an harbe 'yan sanda biyu kusa da Babul Asbaɗ. Rai rai ne, kuma ba na murna da mutuwar kowa. Amma in tsaro ne kaɗai, me ya sa kusan duk shekara, ranar da Isra'ila ke bikin kama gabashin birnin, ake sa masu shaguna su rufe, a share matakalan Babul Amud daga masu su, a bar dubban matasa masu tutoci su ratsa ta tsakiyar unguwar Musulmi, wasunsu suna ihun fatan mutuwa ga Larabawa? Ƙofa ɗaya ce, matakala ɗaya. A farkon azumin 2021 an kafa shingayen ƙarfe a kan waɗannan matakala don hana samari zaman da suka saba yi bayan tarawihi. Kusan mako biyu ana artabu kowane dare kafin a janye su, kuma daga wannan wuta ce, tare da rikicin gidajen unguwar Shaih Jarrah, yaƙin watan Mayu ya tashi. Ruwa ba ya tsami banza.

Abin da ya fi ƙarfafa mini zuciya a duk wannan labari shi ne yadda mutanen gari suka kare ƙofofinsu da goshinsu. Bayan harin Yulin 2017 an kafa na'urorin gano ƙarfe a ƙofofin Al-Aƙsa. Mutane suka ƙi bi ta cikinsu. Suka shimfiɗa dardumai da kwalaye a kan kwalta a wajen Babul Asbaɗ, suna salla biyar a nan cikin zafin bazara, matan unguwa suna dafo abinci suna aikowa, har wasu Kirista suka zo suka tsaya a sahu da littafinsu a hannu. Kafin mako biyu ya cika an kwashe na'urorin. Haka kuma Babur Rahma, ƙofar nan mai baki biyu da ke bangon gabas, wadda aka toshe da dutse tun ƙarnoni da suka wuce. A wajenta maƙabarta ce da ke ɗauke da kaburburan sahabbai biyu, Ubadatu ɗan Samit da Shaddadu ɗan Aus, Allah Ya ƙara musu yarda. Yahudawa na jiran Almasihunsu ta nan, Kirista na cewa ta nan Annabi Isa ya shiga birni. Ta ciki kuwa babban zaure ne da hukumomin Isra'ila suka garƙame a 2003. Shekara goma sha shida yana kulle, sai a Fabrairun 2019 masallata suka cire sarƙa suka shiga suka yi sallar Juma'a. Ba sojan wata ƙasar Musulmi da ya zo, ba kwamitin da ya zauna. Talakawan Ƙudus ne da takalmansu a hannu.

Kiristocin birnin ma suna ɗanɗana kuɗarsu. Ranar Asabar ɗin da ke gaban Ista, ɗaya daga ranakun da suka fi girmamawa, shingaye ake jerawa tun daga Babul Jadid, a ƙayyade adadin masu shiga cocin kabarin Almasihu, har shugabannin cocin sun sha fitar da sanarwar koke. A wannan coci kuwa, ɗaruruwan shekaru ke nan makullin ƙofa yana hannun gidan Judah, masu buɗewa kuma gidan Nusaiba, dukkansu Musulmi. Mutanen Ƙudus sun san yadda ake riƙe ƙofar maƙwabci tun kafin a haifi kakannin masu koya musu tsaro.

Sai kuma ɗaya ganuwar, wadda ba ta cikin jerin UNESCO. Tun 2002 Isra'ila ta fara gina katangar da a kewayen Ƙudus kankare ce mai tsayin mita takwas. Ta raba Abu Dis da birnin da take kallo, ta bar Kafr Aƙab da sansanin 'yan gudun hijira na Shu'afaɗ a baya duk da cewa a takarda cikin birnin suke. Kotun Duniya da ke Hague ta ce a 2004 gina ta a cikin yankin da aka mamaye ya saɓa wa dokar ƙasa da ƙasa. Ƙofofin wannan katanga su ne ainihin ƙofofin Ƙudus a yau, Ƙalandiya daga arewa, shingen Baitalami daga kudu, da ƙarafunan juyawa da layin da ake kamawa tun kafin asuba. A azumin shekarun nan, mutumin Gaɓar Yamma sai ya haura shekara 55, mace 50, kuma da takardar izini, kafin a bar shi ya zo sallar Juma'a. Direbana sai ya jira shekara goma sha biyar nan gaba, in da rai. Su kansu Falasɗinawan da aka haifa a cikin ganuwa, matsayin yawancinsu a doka na baƙo ne mai izinin zama, kuma sama da mutum 14,000 aka ƙwace wa wannan izini tun 1967.

Kada wani ya ce wannan maganar Larabawa ce, ina ruwanmu. In ka bi hanyar Al-Wad ka karkata zuwa Babul Majlis, ɗaya daga ƙofofin Harami, za ka tarar da tsofaffin gine-gine biyu suna fuskantar juna, Ribaɗ Ala'uddin al-Basir na 1267 da Ribaɗ al-Mansuri na 1282. Masaukan maziyarta ne na zamanin Mamluk, daga baya Turkawa suka mayar da su kurkuku. Yanzu unguwar 'yan Afirka ce. Mazaunanta jikokin alhazan da suka fito daga Najeriya da Cadi da Sudan da Senigal ne, Hausawa da Fulani da Barebari da Salamat, waɗanda suka sauke farali a Makka suka ƙarasa Ƙudus don cika ziyara, suka zauna. Larabawa na ce musu Takarina, kalmar da muka mayar Takari. A zamanin Turkawa mutanenmu aka san su da gadin ƙofofin Al-Aƙsa, saboda amana da rashin wasa. Na tsaya a wannan lungu, wani dattijo baƙi wuluk kamar baffana ya dube ni ya tambayi daga ina, da na ce Kano sai ya dafa ƙirji ya ce mahaifinsa Bahaushe ne. Hausarsa ta tafi, sai gaisuwa da 'yan kalmomi. 'Yan taku kaɗan daga bakin ɗakinsa shingen 'yan sanda yake, kuma jikokin masu gadin ƙofa su ake tsayarwa a tambayi katinsu kafin su shiga gida.

Ba zan rufe ido a kan namu ba. Ganuwar Madina da ƙofofinta, irin su Babul Misri da Babush Shami, an share su a ƙarnin da ya wuce, sai suna ya rage. Ganuwar tsaro ta Ajyad da Turkawa suka gina a kan dutsen da ke kallon Ka'aba, a 2002 aka baje ta aka kafa dogayen benaye. A gida kuwa, a 2010 aka rushe Ƙofar Na'isa don faɗaɗa titi, abin da aka mayar a wurin siminti ne, badala kuma ana ta yanka ta fuloti-fuloti muna kallo. Duk wanda zai ɗaga murya a kan ganuwar Ƙudus ya kamata ya ji nauyin wannan. Jin nauyin bai zama dalilin yin shiru ba, dalili ne na mu gyara namu mu kuma faɗi gaskiya a kan nasu.

Saura tambayar da na san tana ran mai karatu: ya halatta ma Musulmi ya je alhali birnin yana ƙarƙashin mamaya? Malamai sun saɓa. Marigayi Shaih Yusuf al-Ƙardawi ya yi fatawar kada waɗanda ba Falasɗinawa ba su je, don kada zuwan ya zama amincewa da mai mamaya. Shaih Ali Jumu'a ya je a 2012 yana Muftin Masar, ya sha suka. Shugaban Falasɗinawa Mahmud Abbas kuwa kira yake a zo, hujjarsa ita ce ziyartar ɗan kurkuku ba ƙawance da gandiroba ba ne. Ina girmama masu ra'ayi na farko, na kuma san daga kishi maganarsu ta fito. Amma ni na karkata ga na biyu, kuma abin da idona ya gani ne ya karkatar da ni. Hadisin masallatai uku da ake ɗaura sirdi dominsu bai faɗi ba. 'Yan'uwanmu Kirista na Najeriya suna zuwa dubbai duk shekara, har hukuma gare su mai shirya tafiyar. Turkawa da 'yan Indunusiya da Malesiya da Musulmin Afirka ta Kudu na gan su rukuni-rukuni. Masu shagunan Han az-Zait da na zauna da su ba wanda ya ce mini don me na zo. Kukansu shi ne kasuwa ta mutu, haraji ya yi yawa, kuma duk shagon da ya rufe akwai mai jiran ya saye shi. Sharaɗina ɗaya ne: wanda zai je ya sauka a masaukin Falasɗinawa, ya ɗauki ɗan jagora daga cikinsu, ya ci abincinsu, ya shiga da ƙafarsa ta Babul Amud ko Babus Sahira ko Babul Asbaɗ, kada ya yarda a ɗauke shi ta sama ko ta bayan gida.

A bakin Babul Majlis ɗan sanda ya karɓi fasfona ya juya shi, ya ce in karanta Fatiha don ya tabbatar ni Musulmi ne. Na karanta. Ya miƙo mini fasfo ya kauce. A bayana wani yaro ne da bai fi shekara ashirin ba, ɗan cikin gari, da dardumarsa a kafaɗa. Aka karɓi katinsa aka ce ya tsaya gefe. Na shiga, na yi alwala, na bi jam'in la'asar, na yi wa direban Yariko addu'ar da na ɗauki alkawari. Da na fito yaron yana nan inda na bar shi, ya jingina da bangon Ribaɗ al-Mansuri, dardumar tana naɗe.